Maigidan da Deshka Ta Ɗauko daga Birnin Sarki Seft

Idan ka tsaya a bakin tafkin Koprinka ka tambayi mai kamun kifi ina birnin Sarki Seft yake, da haɓa zai nuna maka ruwa, ya ce yana can ƙasa. Ɗan makaranta kuwa gidan tarihi na Kazanlak zai tura ka, ka je ka kalli tukwane. Amma in ka dace da tsohon ƙauyenmu, gidan Deshka zai kwatanta maka, na ƙarshe a hanyar gonakin wardi, mai inabi a saman ƙofa. Ni ce Ruska, ƙawarta tun muna yara. Tunda kowa ya ɗauki labarin nan yana juya shi yadda ya ga dama, har ana cewa wai ni na ɓata al'amari, bari in faɗe shi yadda ya faru.

Deshka gajeriya ce, mai saurin tafiya, ga dariya da ake ji daga ƙetaren kogin Tunja. Ta auri Tenyo suna son junansu, ba su daɗe ba aka ɗebe shi zuwa yaƙi a ƙasar Hangari, bai dawo ba. Aka bar ta a gida daga ita sai surukarta, Kaka Kera. Ta yi kukanta ta share, don ba irin matan da ke zama su naɗe hannu ba ce. In ba ta tsinkar wardi tana saƙa, in ba ta saƙa tana shafe bango da farar ƙasa, bangon da ta shafe makon jiya.

Bayan yaƙi gwamnati ta ce za ta tare kogin Tunja ta yi madatsar ruwa. Kafin a tare sai masana suka zo daga Sofiya suna tona gonakin da ke gwiwar kogin, suka ce akwai gari a ƙarƙashi. Muka yi dariya, don nan muke kiwon tumaki tun kakanni. Ashe gaskiyarsu. Ba ƙaramin gari ba ma, babban birnin Tirakawa ne, mutanen da suka riga mu zama a ƙasar nan, inda sarkinsu Seft ya zauna shekara dubu biyu da ɗoriya da suka wuce. Suka ɗebi 'yan ƙauye aiki: maza na haƙa, mata na shara da burushi da wankin sakaina, yayana Ganco kuma yana kwashe ƙasa da amalankensa na doki.

Mu dai aiki muka je yi. Deshka kuwa son birnin nan ta kamu da shi, so na gaske. Duk sakainar da ta wanke sai ta ɗaga ta a rana ta kira mu mu gani, ko da kunnen tulu ne. Ranar da titi ya fito miƙe samɓal, da magudanar ruwansa, sai da ta bi shi a guje daga farko har ƙarshe, ta dawo tana haki tana cewa mutanen nan sun fi mu sanin zaman duniya, mu da hanyar cocinmu ke komawa taɓo da an yi yayyafi. Da aka samo kwabon tagulla mai kan sarkin, ta ƙura masa ido ta ce wannan gemun ai na Dinyo mai busa ne, a bincika asalinsa da kyau. Wanda ke kula da sashenmu wani ɗalibi ne mai tabarau, Kwamared Lozan, shi ma zumuɗinsa bai gaza nata ba. Shi yana gaya mata shekarun abu, ita tana gaya masa ko matar gidan ƙazama ce ko mai tsafta, daga yadda gindin tukunya ya ƙone. Matan birnin nan da suka mutu tun tale-tale, maƙwabtana take ce musu.

A wani babban ɗaki kusa da fada ne ta share ƙasa ta tarar da murhu, na yumɓu, shafaffe, mai zane a jiki kamar an danna igiya tun yana ɗanye. Tana cikin busa ƙurar da ke cikin zanen sai ga shi ya fito daga ƙarƙashi. Dogo ne, ya fi tsayin mutum, irin marasa dafin nan, bakin wutsiyarsa dungu. Bai gudu ba. Ya hau kan murhun ya naɗe a rana abinsa. Maza suka yo kansa da shebur, Deshka ta buɗe hannuwa ta tsaya a gabansa, ta ce duk wanda zai sare shi ya fara da ita.

'Yan yanzu ba su san wannan ba, dole in tsaya in faɗa. A wurinmu kowane gida na da maigidansa na ƙasa, macijin da ke zaune ƙarƙashin murhu ko dokin ƙofa. Ba a kashe shi, ba a yi masa ihu, ba a kiransa da sunan nan da na faɗa yanzu, sai dai a ce maigida. Ana ajiye masa madara. In ya bar gida, gidan ya mutu ko da akwai mutane a ciki. In kuma za a tashi daga gida, sai an gayyace shi an tafi tare.

Da Deshka ta kai wa Kaka Kera labari, tsohuwar ta yi alamar gicciye ta zauna. Ta ce nasu maigidan tun shekarar da Tenyo ya rasu ba ta sake ganin ko sawunsa ba. Ta ce birnin da maigidansa ke ciki bai mutu ba, barci yake yi. Sannan ta kama hannun Deshka ta ce, “'Yata, ke kika yaye masa rufi. Yanzu yana wuyanki.”

Daga ranar kullum sai ta je aiki da madara a kwalba. Ranar farko a wani tsohon kasko da aka tono ta zuba masa, ta ce ai kwanon gidansu ne. Kwamared Lozan ya ga madara a cikin kaskon shekara dubu biyu, saura ƙiris ya suma. Ya roƙe ta ta kawo nata daga gida, ya kuma ja mata kunne kada shugaban ƙungiyar manoma ya ji, don a lokacin in aka ji kana irin wannan, a taro za a tsayar da kai a yi ta karanta maka illar camfi. Shi kansa daga baya in zai wuce ɗakin nan sai ya sassauta tafiya.

Tun farko mun san ruwa zai zo. Deshka ce kawai ba ta yarda ba, tana cewa ba mai hankalin da zai ga birni irin wannan ya sake masa kogi. Shekaru suka shuɗe ana tono, madatsa tana tashi, har kakar ƙarshe ta zo. Aka kwashe duk abin da ke ɗaukuwa, tukwane da kwabbai da wani dutse mai rubutu, aka kai gidajen tarihi. Ganuwa da tituna aka ce sai dai haƙuri. Abin da ya hana Deshka sukuni shi ne, da sanyi ya shigo maigida zai shige raminsa ya kwanta sai bazara, ruwa kuwa a barci zai same shi. Ko ta ɗauko shi kafin sanyi, ko ya mutu a ƙarƙashin murhun da ita ta buɗe.

Kaka Kera ta zayyana mata yadda ake yi. Ranar Lahadi, da tsabtatattun kaya, da burodi da madara, da tokar murhun sabon gida a cikin kwando. Shi zai shiga da kansa, ba a kama shi. Ba hayaniya a hanya, ba hayaniya a gida. Kuma kada sunansa ya fito daga bakin kowa.

To, ga inda ake ɗora min laifi, ku ji ku yanke hukunci. Yayana Ganco ƙato ne, mai nauyin baki, ya yi shekaru yana son Deshka bai taɓa furtawa ba. Iyakar zancensa shi ne ya je ya gyara mata ƙyauren da bai lalace ba. Ran nan ta tare shi a bakin rijiya ta ce, “Ganco, ranar Lahadi ka zo da amalankenka, ka sa fararen kayanka. Zan kawo maigida gidana.” Ta faɗa ta wuce abinta.

Ya dawo gida ya zauna a kan kututture, hula a hannu, fuska kamar wanda ya sha giya. Da ƙyar na tatsi maganar daga bakinsa. Wai bai sani ba, shi ne maigidan ko kuwa ɗauko wani za a sa shi ya yi. Na ce, Yaya, kai dai Allah ya ba ka jiki ya rage maka wani abin. Wace mace ce za ta sa direba fararen kaya? Bazawara ta gaji da jiranka ta yi maganar da kanta, shi ke nan. Ku gaya min, wa zai ji maganar nan ya kawo wani abu daban a ransa? Kalmar ɗaya ce tak, mijin mace maigida, na ƙarƙashin murhu ma maigida. Murna ta kama ni har na kasa zama. Innarmu kawai na gaya wa, sai maƙwabciyarmu, don tana da babban faranti. Kafin Asabar duk ƙauye ya ɗauka. Aka toya banitsa, gurasarmu mai cuku, faranti-faranti, maza suka fito da giyar gida da suke ɓoyo, wadda muke kira rakiya, aka yi wa Dinyo magana ya zo da gaydarsa, algaitarmu ta fatar akuya. Muka shirya za mu ba su mamaki a ƙofar gida. Kaka Kera ba ta fita, Deshka kuma tana can tana share murhunta, su kaɗai ne ba su ji ba.

Abin da ya faru a birnin daga bakin Ganco na ji. Ya isa da hantsi, ya gyara gashin baki, ya soka ɗoɗɗoya a bayan kunne kamar kowane mai neman aure. Deshka ta fito da kwandon tsinkar wardi a rufe, ta hau amalanke ta ce su tafi birni. Ya ɗauka can take son su yi magana, wurin da ta fi so. Suka bi babban titin da ƙafa, ba kowa, har ɗakin murhu. Ta durƙusa ta kwantar da kwandon, ta ajiye madara a bakinsa, ta gutsura burodi. Sannan ta sunkuya ta yi magana a hankali.

“Maigida, ruwa na tafe. Gidana ba fada ba ce, ɗaki biyu ne, amma akwai murhu, akwai madara, kuma ba mai ɗaga maka murya. Ka zo mu tafi.”

Ganco ya ce a nan ya gane. Ya sa hannu ya zare ɗoɗɗoyar ya jefa a aljihu. Ya ce ransa ya yi baƙi ƙirin, amma da ya dubi fuskarta sai ya kasa tafiya. Suka yi ta jira har rana ta take tsaka. Can sai ga kai ya leƙo, ya lashi iska, ya jawo jiki. Ya sha madarar, ya zagaya kwandon, ya shinshini tokar, ya sulale ciki ya naɗe. Deshka ta rufe da mayafi, hawaye na zuba tana dariya ba sauti. Ganco mutum ne da ko igiya ya gani a ciyawa sai ya yi tsalle, amma haka ya ja dokin da hannu, taku ɗai-ɗai, yana kauce wa kowane dutse. Murnarta ta shafe shi har ya manta da abin da ke jiransu a gida.

Mu kuwa muna laɓe a bayan shingenta, rabin ƙauye, cikin kayan biki. Amalanke na tsayawa na ɗaga hannu. Dinyo ya matse gayda da iyakar ƙarfinsa, mai ganga ya saki, mata suka ɗauki waƙa, wani ɗan zumuɗi ya harba bindiga sama. Doki ya zabura. Kwando ya kife daga cinyar Deshka, maigida ya zubo tsakiyar ƙafafun mata. Kai, ban taɓa ganin gudu irin na ranar ba. Matar shugaban ƙungiya, da duk ƙibarta, a kan shinge aka ganta. Banitsa ta watse a ƙasa, gayda ta yi wani kuka ta sace. Shi kuwa ya ratsa tsakaninmu ya shige ciyawa ta gefen da ke kallon kogi, ba wanda ya sake ganinsa.

Deshka ta sauko ta ɗauki kwandonta. Ba ta yi faɗa ba, da ma faɗan ta yi da ya fi min sauƙi. Ta dube ni ta ce, “Na yi masa alkawarin ba mai ɗaga masa murya.” Ta shiga ta rufe ƙyaure.

Sanyin shekarar nan ya yi mana tsawo. Kogi ya fara taruwa, mutane na hawa tudu suna kallon ruwa yana cin tituna ɗaya bayan ɗaya. Deshka ba ta je ba. A ganinta ta yi asarar duka biyun, ta raba shi da birninsa, ba ta kuma ba shi gida ba, wataƙila ma ya koma can ruwa ya same shi. Dariyar nan tata ta ɗauke. In mun haɗu a rijiya sai ta gaishe ni kamar baƙuwa, ni kuma zuciya ta hana ni zuwa, don har gobe ina nan a kan bakana, wanda ya yi magana mai baki biyu shi ya jawo. Amma na yi kewarta ƙwarai, ba zan ɓoye ba. Ta ci gaba da ajiye madara a gindin murhu, kullum kwano na wayewa a bushe, sai dai tana da kyanwa, saboda haka wannan bai nuna komai ba. Ganco bai ce da ita uffan ba a kan aure. Ya dai je ya sassauta dutse ɗaya a bayan bangon murhunta, ya tara duwatsu da busasshen ganye a gefen da rana ke bugawa, ya ce ya ji ana cewa suna son haka.

Wardi ya buɗe. Muna cikin gona da sassafe, mata a jere, ana tsinka kafin rana ta sha ƙamshin, sai na lura layin Deshka ba kowa. Can na hango ta tafe a guje ta tsakiyar kunya, ɗankwali ya faɗi, hannu biyu a sama, wani abu fari dogo na kaɗawa a bayanta. Abin mamaki, Deshka ce ke gudu haka amma ba ihu. Ta wuce kowa ta tsaya a gabana, ni da ta yi wata da watanni ba ta dube ni ba. Saɓa ce a hannunta, cikakkiya, a tsakanin duwatsun murhunta ta zaro ta. Ta juya min ƙarshenta in gani. Dungu ne.

Ta kawo bakinta kunnena ta ce, “Ruska, ya zauna.”

Na buɗe baki zan kurma ihu ta toshe min da tafin hannu. Gidanta na da nisa daga gonar, ba abin da zai ji, amma ba wadda ta yi musu. Labari ya bi layi da raɗa, mata suka ajiye kwanduna, muka kama hannun juna muka yi rawar da'ira a tsakiyar wardi, ba kiɗa ba waƙa, sai hucin numfashi da dariyar da ake dannewa. Ni dai kuka nake ina rawa. Birni ya nutse, amma mai birnin yana nan da ransa, a ƙauyenmu, kuma da ƙafarsa ya zaɓa, in dai za a ce yana da ƙafa.

Ganco ya iso da amalanke zai kwashi buhunan fure, ya tarar da mu a haka. Deshka ta nuna masa saɓar, ya tsaya yana murmushi yana murza hula. Ta dube shi sama da ƙasa ta ce, “Na ƙasa ya zauna. Kai fa, sai na kawo maka kwando?”

An yi bikinsu bayan an gama tsinkar wardi. Shi ne bikin da aka yi a ƙauyenmu ba busa a ƙofar amarya. Dinyo can ƙarshen gari aka tura shi, ya yi ta hura abinsa yana ƙorafin ba a taɓa wulaƙanta shi haka ba. Kaka Kera ta rayu har ta goyi ɗansu na fari. Deshka ta ƙare aikinta a gonar wardi ta ƙungiya, kuma duk shekara sai ta hau mota zuwa Kazanlak ta gaida tukwanen maƙwabtanta ta bayan gilashi. Kwamared Lozan, da ya yi furfura ya zama babban malami, yakan kawo ɗalibansa ya nuna musu tafkin, daga nan ya biyo da su gidanta su sha kindirmo a gindin murhu.

Na taɓa ce mata, bayan shekaru masu yawa, Deshka, kin san dai wancan ya daɗe da mutuwa, wannan mai shan madarar jikansa ne ko tattaɓa-kunne. Ta ce to, wanda ta tarar a birnin fa, na ɗauka shi ne ya ga Sarki Seft da idonsa? Ta ce sarauta ai gado ce, in bar ta ta ji da aikinta.

Ta riga ni tafiya, ita da Ganco duka. Jikarta ce a gidan yanzu, ma'aikaciyar jinya da ba ta yarda da komai ba sai allura, amma kwanon na nan a gindin murhu, kuma ban taɓa tarar da shi ba madara ba. Ni kuwa, da duk ƙauyen nan ba a haifi wanda ya iya rufe min baki ba, har yau in na taka ƙofar gidan nan raɗa nake yi.